Danƙo a Kicin ɗin Tela

Mutanen garin sun rasa sunan da za su ba abin, sai suka ce danƙo. Haka kawai yake sauka, ba ƙara ba hayaƙi, wani lokaci a rabin shago, wani lokaci a wata kwana kan titi, sai lokaci ya yi nauyi a wurin kamar an ɗaura masa dutse. Wanda abin ya rutsa da shi ba ya mutuwa, ba ya ma sanin an yi wani abu. Shi dai ya ɗaga ƙafa, kafin ya sauke ta 'ya'yansa sun gama makaranta. Ana fita, in Allah ya sa mutum ya nufo bakin danƙon. Shiga ce ba a yi. Wani direba ya miƙa hannu zai jawo ƙaninsa, hannun ya bushe masa har kafaɗa.

Na gidan Tela a kicin ya sauka, da hantsi, matarsa tana zuba masa ruwan shayi. Ya gaji da jira ya leƙo zai yi mita, sai ya gan ta tsaye, kai a sunkuye, ruwa ya miƙe tsakanin buta da kofi bai ƙarasa ba. Tsakaninta da ƙofa 'yan taku ne kawai.

Murya ba ta shiga danƙo, amma Tela ya yi ta kira har maƙogwaronsa ya dushe. Maƙwabta suka taru, kowa ya zama masani. Abu ɗaya ne cikin surutunsu ya tabbata: na ciki ba ya ganin mai wucewa, sai abin da ya daɗe a wuri guda. Shi ya sa mutane suke kafa allo a bakin danƙo su rubuta wa nasu ya fito. Tela ma ya kafa, sannan ya tuna tabarau ɗinta yana kan gado, ita kuwa ba tabarau ko sunanta ba za ta karanta ba. Ya cire allon ya jawo keken ɗinkinsa ya girke a bakin ƙofar.

"In ta ɗago, ni za ta fara gani," ya ce da 'yarsa, wadda a lokacin ko ɗaurin ɗankwali ba ta iya ba.

A nan ya koma aiki. Mai son awo sai ya ratsa ta tsakanin gado da kabad ya same shi. A nan yake cin abinci, a nan yake gyangyaɗi. Yana taka keke yana ba ta labari: wanda ya rasu, wanda ya tashi daga layin, yadda zare ya lalace yanzu. Ranar da kofin ya cika sai da ya yi wa maƙwabta albishir, mutumin da ko gaisuwa da ƙyar ake samu a bakinsa.

Yarinyar ta girma, ta yi aure, ta haihu. Idon Tela ya fara gardama da kafar allura, bayansa ya ranƙwafa, gemunsa ya yi fari fat. Bai kula ba, don wadda yake kallo kullum ba ta canza ba, shi kuma madubin shagonsa na masu gwada riga ne.

Sai kan matar ya fara ɗagowa. Damina ta zo ta wuce kafin haɓarta ta daidaita. Tela ya ɗinka wa kansa sabuwar riga, ya daina karɓar aiki, ya zauna yana murmushi har kumatunsa suka yi tsami. Idonta ya iso ƙofar, ya tsaya a kansa.

Girarta ce ta fara haɗuwa. Daga nan hannunta ya saki kofin, ya nufi mayafin da ke kafaɗarta. Tela ya ce ai murna ce ta ruɗa ta. Da sanyi ya shigo, diddigenta ya ɗaga, ba gaba ba, baya.

'Yarsa ta zo da goyo ta tsaya a bayansa ta daɗe tana kallo. Yanzu ta girmi uwarta.

"Baba, ba ta gane ka ba."

"Ke tafi can. Matar da na zauna da ita?"

"Saurayi ta bari yana jiran shayi. Yanzu ta ɗago ta ga wani tsoho ya tare mata ƙofa yana yi mata dariya. Ni ma da na ja da baya."

Bakin matar yake kallo, wanda ya fara buɗewa, fuskarta tana karkata wajen taga. Ya san wannan buɗe bakin. Haka take yi in ta ga ɓera ko baƙon da ba ta yarda da shi ba. Shi take kira ya zo ya kori mutumin.

Baƙin cikin da ya kama shi ya fi na ranar farko. Taku ɗayan da ta yi baya zai ci abin da ya rage masa a duniya, kuma shi ya jawo, da zamansa.

"Yanzu ya zan yi?" ya ce.

"Ka tashi, Baba. In ta ga ba kowa, ƙila ta fito neman ka."

"Ta same ni?"

'Yar ta gyara goyonta.

Su biyu suka ja keken, ƙafafunsa suna kartar siminti, suka kai shi ɗaya ɗakin, inda ba a hango kicin. Tela ya zauna ya ɗauki allura, ya lalubi kafarta ya kasa.

"In za ki wuce, ki leƙa ki gaya mini ko ta juyo," ya ce. "Kada ki daɗe a wurin."