Hancin Dama na Sa'adu

Daga Wurno har Goronyo, babu manomin da zai kwana da albasa a rudu, wato rumfar ajiyarta, bai kira Sa'adu ba. Zai zo ya tsaya gaban rumfar, ya lumshe ido, ya ja numfashi sau biyu, sannan ya ce, "Kusurwar gabas, kamu uku ƙasa, guda ta hwara ruɓa." A tona, a same ta. Ba shi da gona, ba shi da babur. Hanci gare shi, kuma hancin ke ciyar da shi.

Hancin ne ya ja masa. Ranar da mura ta kai shi wani ƙaramin asibiti, ƙamshin humra ya ratsa murar daga tagar ɗakin kati, ya sauka masa a tsakiyar ƙirji. Halimatussa'adiya ce a bayan tagar. Aikinta, duk cutar da likita ya rubuta, ta nemo lambarta cikin wani ƙaton littafi ta shigar a kwamfuta. Wayyo Sa'adu! Cikin wata biyu sau tara ya yi mura.

"Malam Sa'adu, yau kuma mi?" ta ce a zuwa na tara, ba ta ko ɗago kai ba.

"Mura ta, Malama."

"Wagga mura taka ba ta zuwa hutu? Ka bar ni, jarrabawal lamba gare ni jibi. Sunan gwaji nika nema in koyi cututtukan jijiya."

"Sa nawa!" Har tagar sai da ta girgiza. "Dut cutad da kika so, aza mani, ina ɗauka."

Ta yi murmushi, ta buɗe littafin. "To. Ciwon dajin jijiyar jin ƙamshi. Ba ya shiga sai an hwaɗi ɓangare. Dama ko hagu?"

"Dama, Malama. Shi yah hwara jin ki."

Kunya ta kama ta, ta buga lambar cutar, C72.21, da sauri. Ba ta lura ba ashe shafin gwaji a rufe yake, na gaskiya ne a buɗe.

Bayan mako uku, ranar kasuwa, farar mota ta tsaya a ƙauyensu, Kwargaba. Wasu bayin Allah ne masu taimakon masu ciwon daji, ɗauke da gidan sauro da gwangwanin madara, suna tambayar gidan Sa'adu mai jijiyar dama, wanda suka ga sunansa a kwamfutar asibiti. Kafin la'asar mata sun fara shigowa dubiya da kunu. Sa'adu ya rantse lafiyarsa lau, aka ce masa haƙuri ya fi.

Baba Gidaɗo, shugaban manoman albasa, ya juya takardar da masu motar suka bari sama da ƙasa, ya yanke hukunci. "Ɗana, kwamhuta ba ta gaba da kowa. Hancin dama ya tahi. Amma ba ta ce komi ba bisa na hagu. Daga yau ɓangaren hagu na rudu naka na. Na dama mu kira Lawwali na Boyekai."

Lawwali! Mutumin da ya taɓa kwana da mataccen ɓera a aljihun rigarsa bai sani ba.

Sa'adu ya ruga asibiti. Da Halimatussa'adiya ta duba kwamfuta, sai ta ga ɓarnar da ta yi. Lambar tana gogewa, in ji ta, amma sai ta rubuta da hannunta cewa kuskurenta ne. Kuma tun da aka taɓa yin irin haka, shugaban asibitin ya ce duk wanda ya sake, can asibitin garin Rabah za a tura shi.

Sa'adu ya dubi tagar. Ya hango ta a ransa babu kowa a bayanta, babu humra, sai ƙamshin maganin tari.

"Bar shi," ya ce. "Mutum na rayuwa da hanci guda."

Ya sayi auduga ya toshe hancin dama, ya riƙa tafiya a karkace don a ga alama.

Sai dai auduga ba ta tare baiwar Allah. Ranar da aka je duba babban rudun Baba Gidaɗo, Lawwali ya zagaya dama yana shaƙa kamar mai tsotsar rake, ya ce lafiya lau. Sa'adu na tsaye a hagu, yana jin su sarai: uku sun ruɓe a dama, ta huɗu tana hanya. In ya faɗa, asiri ya tonu. In ya yi shiru, noman tsohon na shekara ya narke. Hawaye suka zubo masa. Aka ce albasa ce.

A nan ɗan kabu-kabu ya tsaya, Halimatussa'adiya ta sauko da jakar tafiya da takarda mai hatimi. Ta durƙusa ta gaida Baba Gidaɗo, ta miƙa masa.

"Baba, kuskurena na. Lahiyatai lau. Na rubuta, an goge."

Ta juyo ga Sa'adu. "Cire wagga auduga, ka yi kama da gawa."

"Rabah hwa?" in ji Sa'adu.

"Litinin nika kama aiki. Mi ar Rabah? Makka ta? Amma in ka zaka da mura ta ƙarya, ba ni buɗe maka kati. Ka turo manya."

Sa'adu ya zare audugar. Humra ta shige shi ta dama da hagu. Ya ture Lawwali gefe.

"Baba, a kawo kwando. Kamu biyu ƙasa, huɗu na."