Rumbun Namadi

Duk ƙasar Tambuwal babu wanda ya san tafiyar gwamnati kamar Malam Abdulhamidu, magatakardan jam'iyya. Shi ne, a 1966 da sojoji suka soke jam'iyyu, ya yi lissafi ya gano ba za su wuce damina uku ba.

Ya hau keke har Kebbe da buhuna biyu, ya sauka gidan Namadi, mijin ƙanwarsa Atu. Ya zaɓi babban rumbun ƙasa, wanda ya fi kowanne cin dame, ya zuba buhunan, ya sa aka liƙe bakin da laka.

"Amana ta. Kak ka buɗe sai na zo."

"Malam, mi ac ciki?"

"Makomar Arewa."

Namadi bai taɓa ganin makoma ba, kuma mutum ba ya leƙa amana. Sai dai in zai wuce yakan kanga kunne a jikin rumbun. Wata shekara ya ji ƙas-ƙas a ciki, ya ce wa Atu abin yana da rai. Geronsa kuwa ya koma kan rumfa, ruwa ya ci, ɓeraye suka ci, awakin maƙwabta suka taya. Aka raba Jihar Arewa, aka yi yaƙi, wani soja ya ture wani. Ba wanda ya zo.

Sai a shekara ta goma sha biyu, da rediyo ya ce a dawo siyasa, Malam ya iso a bayan a-kori-kura da furfura har gira. Rabin unguwa suka biyo shi. Namadi ya ɗauki gatari, ya bugi bakin rumbun sau ɗaya, sai bangon duka ya zube.

Gara ce. Ta cinye tutoci, ta cinye katunan 'yan jam'iyya, ta gama ta koma kan rumbun. Abin da ya rage ƙahon lasifika na ƙarfe.

"Shi ke nan?" in ji Namadi.

Malam ya kakkaɓe ƙahon, ya hura, ya ce wa jama'a sun ga da idonsu dimokuraɗiyya ba ta mutuwa. Aka tafa. Da zai hau mota ya jawo Namadi gefe.

"Ka sake gina shi, ka bar shi wofi. Ba a sanin soja."

Namadi ya daɗe yana juya ɓaraguzan da ƙafa, ko akwai abin da ya tsere masa. Daga nan ya ce wa Atu ta miƙo tulu, ya naɗe wando ya fara kwaɓa ƙasa.