Alkawarin Sunan Mehrdad

Kwana biyar da haihuwa, gobe suna, don a nan ran kwana shida ake yi, an riga an sayo rago an ɗaure, amma Mozaffar bai san da wane suna zai kira ɗansa ba.

Mozaffar direba ne, yana da shuɗiyar a-kori-kura da yake jigilar rumman daga lambunan Taft zuwa kasuwar Yazd. Watan Mehr ne, kakar rumman, lokacin da ko sosa kai ba ya samun sukunin yi. Sai dai tun ranar da aka fito da matarsa Tahere daga ɗakin tiyata aikin ya fita daga ransa. A ranar ya sunkuya a kanta, leɓɓanta a bushe, ta kama hannun rigarsa ta ce, "Mehrdad za a sa masa."

"Ba mahaifinki, Haj Aga, ya riga ya zaɓa ba?"

"Na yi alkawari, Mozaffar."

Kafin ya tambaye ta wa ta yi wa, ma'aikaciyar jinya ta kori maza daga ɗakin. Daga asibiti kuma gidan mahaifinta aka wuce da ita, inda gwaggonninta uku suka kewaye ta. Duk lokacin da ya leƙa, sai ya tarar wata na ɗura mata abin masu jego, wata na turara hayaƙi a kan jariri don maganin kambun baka. Magana biyu ba su samu sun yi su kaɗai ba.

Haj Nematollah, surukinsa, tsohon mai sayar da yadi ne, mutum mai magana ɗaya. Tun cikin yana wata huɗu ya sanar cewa in namiji ne Abdolhossein za a kira shi, sunan mahaifin shi Haj ɗin. Da Mozaffar ya ɗan taɓo masa zancen Mehrdad, tsohon bai ko ɗago kai daga carbinsa ba. Ya ce, "Sunan majusawa a gidana? Zafin ciwo ne ya sa ta sambatu."

Da safiyar kwana na biyar Mozaffar yana lambu ana loda masa akwatuna, ya kasa zaune ya kasa tsaye. Ya ɗauki rumman ya juya ya ajiye. Ya buɗe ƙofar mota ya rufe. Ƙanensa Yadollah, wanda suke aikin tare, ya tsaya yana kallonsa da akwati a kafaɗa.

"Yaya, in ba za ka taya mu ba, matsa gefe. Wai kai ka haihu ne ko ita?"

"Yi aikinka."

"To ya sunan angon gobe? Ko dai 'kai yaro' za mu riƙa ce masa har ya yi gemu?"

Mozaffar ya gaya masa. Yadollah ya sauke akwatin, ya share gumi, ya yi wani murmushi da Mozaffar bai so ba.

"Mehrdad? Suna mai daɗi, a Tehran ko'ina ka jefa dutse kan wani Mehrdad zai sauka. Amma tsaya. Ba akwai wani Mehrdad mai kantin littattafai kusa da makarantar 'yan mata ba? Dogo, mai tabarau, gashinsa kullum a shafe da mai. 'Yan mata sai su sayi fensir goma a mako."

"Me kake nufi?"

"Ni? Ba komai wallahi. Na ce dai Tahere Hanum tana da son karatu."

Wasa yake yi, Mozaffar ma ya san wasa ne. Ya wurga masa ɓawon rumman, ma'aikata suka yi dariya. Amma da ya hau titi maganar ta hau tare da shi. Shekara shida da aurensu, shekara biyar suna neman haihuwa, daga wannan likita zuwa wancan, bai taɓa ganin wani abu a wurin Tahere ba. To alkawarin me? Kuma me ya sa sai da ta ga mutuwa ido da ido sannan sunan ya fito? Ya kunna rediyo, ya kashe. Ya wuce kwanar kasuwa bai sani ba, sai da ya zagayo. A kasuwa dillali ya yi masa magana sau uku yana amsa wa da "to". Ya saya shayi ya bar shi ya huce a kan mota.

Ya kai ga sai da ya bi ta titin makarantar 'yan matan. Kantin littattafan ya zama wurin sayar da kayan waya. Ya tsaya a gabansa da mota a kunne, kunya ta kama shi, ya ja ya tafi.

Wajen azahar ya kira ta. Ta ɗauka da murya ƙasa-ƙasa, yana jin hayaniyar gwaggonni a bayanta.

"Tahere, wane ne Mehrdad?"

Ta ce, "Me ya sami muryarka?"

"Tambayar ki nake yi."

"Ba zan iya a nan ba. Je ka lungun Zartushtawa, waɗanda Baba ke ce wa majusawa, bayan gidanmu, ƙofa mai koren fenti. Ka ce Morvarid Hanum kake nema. Ka ce mata ni na turo ka, kuma na haihu." Sai ya ji wata gwaggo na cewa wa ke damun mai jego da waya, layin ya katse.

Lungun ba ya ɗaukar mota, ya ajiye ta a bakin titi ya shiga da ƙafa. Rabin gidajen a kulle suke, masu su sun koma Tehran ko ƙasashen waje. Ya buga koriyar ƙofar, ya daɗe, har ya juya zai tafi, sannan aka buɗe. Wata tsohuwa ce gajera, da mayafi mai launin kore da ja irin na matansu, hannunta duk ƙullin fulawa.

"Morvarid Hanum? Ni ne mijin Tahere, 'yar Haj Nematollah. Ta ce in gaya miki ta sauka. Namiji."

Tsohuwar ta dafa ƙofa. "Ita lafiya?"

"Lafiya. An yi mata aiki, amma lafiya."

"Shigo, ɗana. Shigo, kar ka tsaya a rana."

Ta shimfiɗa masa darduma a inuwar tsakar gida. Ta kawo busassun 'ya'yan itace a faranti, ta ce shayi fa, ko yana cikin waɗanda ba sa sha a kofinsu? Ya ce zai sha, ta zuba masa. Bai iya jira ta zauna ba.

"Hanum, ta ce Mehrdad za a sa wa yaron. Ta ce ta yi alkawari. Ni kuma ban san kowa ba, ban san komai ba, kwana biyar ke nan kaina na juyawa."

Morvarid ta zauna a hankali. Ta goge hannunta a jikin zane, ta sake gogewa, alhali babu sauran fulawa.

"Ashe ba ta manta ba," ta ce. "Mehrdad ɗana ne. Kwanansa arba'in da ɗaya a duniya."

Mozaffar ya ajiye kofin.

Ta ba shi labarin ba tare da kuka ba. Shekara talatin da suka wuce, ita da mahaifiyar Tahere suka haihu a wata ɗaya, katanga ce kawai tsakaninsu. Nata yaron zazzaɓi ya ɗauke shi. Ita kuwa mahaifiyar Tahere ciwo ya kwantar da ita, nononta ya ƙafe, jaririyar ta ƙi madarar gwangwani, duk abin da aka ba ta sai ta mayar.

"Ina nan a kwance, rigata na jiƙewa, ina jin kukan yarinyar ta katanga. Kukan yana raguwa kullum. Ran nan sai ga kakarta a ƙofa, ta ɓoye ta cikin mayafi. Ta miƙo mini ita, na sa ta a nono. Wata bakwai ana kawo ta sau huɗu a yini, lokacin da Haj yake kasuwa. Ka san yadda abin yake a da. Ranar ruwan sama ko jikinmu ba a son ya taɓa na Musulmi, wai najasa ne, balle nono."

"Tahere ta sani?"

"Uwarta ta gaya mata gab da rasuwarta, ta sa ta rantse ba za ta gaya wa Haj ba. Sai ta zo nan, tana 'yar shekara goma sha bakwai, ta zauna inda kake zaune. Ta ce, 'Na sha rabonsa, in Allah ya ba ni ɗa zan mayar miki da sunansa.' Na ce mata yarinta ce."

Mozaffar ya kalli ƙasa. Mai kantin littattafai ya faɗo masa a rai, ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige.

"Kai ka san sunan kuwa?" ta tambaye shi.

"Mehr dai ƙauna, dad kuma bayarwa. Kyautar ƙauna ke nan."

"Haka yaran yanzu ke cewa, kuma ba ƙarya ba ne. Amma kalmar ta girmi haka. Mehr rana ce, wadda ke sama. A wurinmu kuma Mehr shi ne mala'ikan da ke tsaron alkawari, yana ganin wanda ya cika da wanda ya karya. Wannan watan da kuke tsinkar rumman sunansa ya ci. Tun kafin a gina masallacin Juma'a, tun kafin Larabawa su zo, sarakuna da manoma na ƙasar nan suna sa wa 'ya'yansu Mehrdad. Nawa an haife shi ranar Mehregan, bikin da muke yi wa Mehr, shi ya sa ubansa ya zaɓa." Ta tura masa farantin. "Amma ka ji ni, ɗana. Kar a raba gida saboda ni. Ku sa masa abin da kakansa yake so. Da ta tuna ma ya ishe ni."

Ya fito daga lungun da sauri kamar ana bin sa. Bai samu natsuwa ba, damuwar ce kawai ta sauya. Sirrin ba nasa ba ne, an yi rantsuwa a kai. Amma ita Tahere ce ta rantse, ba shi ba. Ya zagaya unguwar sau biyu da ƙafa kafin ya tsaya a ƙofar surukinsa.

Ya tarar da Haj Nematollah a tsakar gida yana alwalar la'asar a bakin kwarmin ruwa. Ya jira ya gama.

"Haj Aga, daga gidan Morvarid Hanum nake."

Tsohon ya ci gaba da sauke hannun rigarsa, ya ɓalla maɓalli ɗaya, ya ɓalla na biyu.

"Ta gaya maka."

"Kun sani?"

"Yarinyar da ke mutuwa a hannuna ta fara ƙiba cikin mako biyu, ka ce ban sani ba? Kai kana tsammani me ya sa na daina dawowa cin abincin rana wata bakwai?" Muryarsa ta yi kauri. "Na tambayi malami a ɓoye, ya ce in don ceton rai ne babu laifi. Amma mutane fa? Ina sahun gaba a masallaci. Shekara talatin ina wuce matar nan a hanya, ban taɓa ce mata sannu ba."

"To ga dama ta zo, Haj Aga."

"Kar ka koya mini!" Ya daka tsawar da ta sa wata gwaggo leƙowa ta taga. Ya rage murya. "Ubana fa? Shi ba shi da hakki? Na yi masa niyyar sunan nan tun ba a haife ka ba."

Mozaffar bai taɓa musu da shi ba, amma ya ce, "'Yarku ta yi alkawari. Ni ba zan sa ta karya ba."

Haj ya ɗauki hularsa ya fita masallaci.

Washegari da yamma gida ya cika. Aka yanka rago, aka dafa shinkafa, aka zagaya da kayan zaƙi. Mozaffar bai ci komai ba, yana ta shiga da fita, Yadollah na tambayar sa ko kujerar ƙaya gare ta. Aka miƙa wa Haj jaririn. Ya yi kiran salla a kunnen dama, ya yi iƙama a na hagu, ya kira shi Abdolhossein sau uku a kunne. Tahere ta runtse ido daga inda take kwance. Sannan tsohon ya miƙa wa Mozaffar yaron ya ce, yadda kowa zai ji, "Na kunne nawa ne, na sa. Na takarda da na kira kuma na ubansa ne."

"Mehrdad," in ji Mozaffar. Muryarsa ta fito da ƙarfi fiye da yadda ya nufa.

Gwaggonni suka kalli juna. Babbarsu ta buɗe baki, Haj ya dube ta, ta rufe.

Haj Nematollah bai taɓa kiran yaron Mehrdad ba, Abdolhossein yake ce masa shi kaɗai, yaron kuma ya tashi yana amsa duka biyun. Gidan Morvarid ma bai taka ba. Amma ranar da jaririn ya yi arba'in, shi ya ce wa Tahere rana ta yi sanyi, ta ɗauki yaron ta fita da shi ya sha iska, kuma lungun baya ya fi inuwa. Mozaffar ya raka ta. Morvarid ta karɓi yaron ta daɗe tana kallonsa, ta yi ƙoƙarin kiran sunan sau biyu bai fito ba. Daga ƙarshe ta ce ƙafafunsa sun yi sanyi, wace irin uwa ce ke fito da jariri babu safa, ta shiga ɗaki nemo masa abin rufa.