Addu'ar Ya Gana

A shekarar da aka yanke layukan waya a Maiduguri, Mikail ya tafi roron wake a gonarsa da ke bayan Khaddamari, bai dawo ba. Cikin waɗanda suka fita tare, mutum ɗaya ne ya iso gari da yamma, ƙafafunsa duk ƙaya. Ya ce yaran daji masu bindiga ne suka fito musu a kan babura, kowa ya yi ta kansa. Bai ga an harbi Mikail ba, bai kuma ga inda aka yi da shi ba.

Gumsu, matar Mikail, ba inda ba ta taka ba. Ta je asibiti an buɗe mata gawarwaki ta duba. Ta tsaya a ƙofar barikin soja har rana ta ƙona mata ƙeya. Duk inda ta ji an ce wasu sun kuɓuto daga daji, sai ta hau keke napep ta je da hotonsa a hannu. Wani ya ce kamar ya taɓa ganin fuskar, wani ya girgiza kai, ta dawo gidansu na Bulabulin ta tarar da 'yarta Siddiƙa da surukarta Ya Gana suna kallon bakinta.

Da farko gidan ya cika da mutane, sai dai ba wanda ya san me ya zo yi. Ba gawa balle a ce ta'aziyya. Mace ta shigo ta zauna a tabarma, ta buɗe baki za ta ce Allah ya ji ƙansa, sai ta haɗiye, ta ce, "Sai haƙuri, Gumsu." Gumsu ta ji kalmar nan har ta daina shiga kunnenta. Liman ya ce ba ta da takaba tukuna, matar aure ce har sai an samu tabbas ko alƙali ya yanke. Ga ta nan dai a tsakiya, ba ita ce mai miji ba, ba ita ce wadda mijinta ya mutu ba.

Sana'arta haɗa turaren wuta ce, kuma ta yi suna, har daga Kano ake aiko mata idan za a kai amarya. Ta kife kaskon, ta tura buhun icen sandal ƙarƙashin gado. Abinci ma sai Siddiƙa ta dawo daga makaranta ta ɗora.

Amma abin da ya fi cin ranta, wanda ba ta gaya wa kowa ba, addu'a ce. Tana sallarta a kan lokaci, sai dai idan ta sallame ta ɗaga hannu, sai harshenta ya ƙi. In ta ce Allah ya dawo da shi, zuciyarta ta ce mata mai yiwuwa ƙasa ta daɗe da cinye shi, yana can yana jiran a nema masa gafara ita tana nan tana yaudarar kanta. In ta ce Allah ya haskaka kabarinsa, sai ta ji kamar da hannunta ta tura masa ƙasa alhali yana numfashi. Sai ta sauke hannun ta naɗe dardumar.

Ya Gana tsohuwa ce mai ƙarancin magana, idonta ɗaya ya yi yana. Mikail ne ɗanta na fari, ba ta ko kiran sunansa, sai dai ta ce yaron nan. Tun da abin ya faru Gumsu ba ta ga hawayenta ba. Kullum tana gindin dalbejiyar tsakar gida da carbinta, tana ɓarar gyaɗa ko tsince shinkafa. Wannan natsuwar ta riƙa ba Gumsu haushi a ɓoye.

Wata rana bayan la'asar, Gumsu ta sallame ta zauna shiru, hannuwanta a kan cinya. Tsohuwar ta yi magana ba tare da ta ɗago daga farantinta ba.

"'Yata, na daɗe ina lura. Kina ɗaga hannu ki sauke ba ki shafa ba."

Gumsu ta juyo wajenta. Can ta ce, "Ya, me zan roƙa? Ban san ko Baban Siddiƙa yana duniya ko yana lahira ba. Kowace na ɗauka sai in ga na zalunce shi." Ta dubi farantin tsohuwar. "Ke ban san yadda kike yi ba. Kina cin abinci, kina barci."

"Wa ya ce miki ina barci?" Ya Gana ta ajiye farantin. "Matso nan."

Gumsu ta ja jiki ta zauna kusa da ƙafafunta.

"Ni ma na yi wannan kokawar," in ji tsohuwar, da Hausarta mai nauyin Barebari. "Ni na haife shi. Da farko cewa nake sai na sani, sai na sani. Daga baya na ga sanin nan ba a hannuna yake ba, kuma wanda nake roƙo ba ya bukatar in gaya masa inda yaron yake. Ni ce ya ɓace wa, bai ɓace wa Allah ba. Sai na koma cewa, Allah ka yi masa rahama a inda yake. Shi ke nan. In yana sama da ƙasa ta same shi, in yana ƙarƙashinta ta same shi."

Gumsu ta maimaita a hankali, kamar mai ɗanɗana miya. A inda yake.

"Kuma ki ji," Ya Gana ta ƙara. "Kina gani kamar in kin ci kin ƙoshi, ko kin yi dariya da yarinyar nan, kin ci amanarsa. Yunwarki ba ta kai masa ko loma ɗaya. Ki yi kukanki, ba wanda zai hana ki, amma ki yi shi a tsaye, hannunki na aiki."

Sai a lokacin Gumsu ta ga ruwa yana bin kumatun tsohuwar daga idon nan mai yana. Ta kifa kanta a cinyarta, suka yi kuka tare har aka kira magariba.

Ba a ranar komai ya gyaru ba. Akwai safiyar da take tashi jikinta kamar an ɗora mata dutse. Amma yanzu tana da abin faɗa in ta ɗaga hannu, kuma ta kan shafa. Bayan wasu makonni ta jawo buhun sandal, ta aiki Siddiƙa Kasuwar Litinin ta sayo sukari da farcen turare, ƙamshi ya sake tashi a gidan har maƙwabta suka leƙo. Wata mai suna Ladi, da ta gudo daga Bama ba ta san inda 'ya'yanta maza suke ba, ta fara zuwa taya ta daka. Ran da Gumsu ta ji ta tana cewa ita ta rasa me za ta ce wa Ubangiji, sai ta ba ta kalmomin kamar yadda aka ba ta.

Damina biyu suka wuce. Wani hantsi aka yi sallama a ƙofa, wani ramammen mutum mai suna Ajimi. Ya ce tare aka tsare su da Mikail a daji ana sa su noma, shi kuma bai daɗe da kuɓuta ba. Ya sunkuyar da kai ya ce zazzaɓi ya kama Mikail tun a daminar farko, bai tashi ba.

Siddiƙa ta ruga ɗaki. Gumsu ta dafa bango, ta yi salati. Ya Gana ta daɗe tana jan carbi, sannan ta tambaya, "An yi masa wanka?"

"Taimama muka yi masa, Iya, sun hana mu ɗebo ruwa. Amma mun sallace shi, ni na sa shi a kabari da hannuna, fuskarsa na duban gabas."

"Alhamdu lillahi," in ji ta. "Allah ya saka maka." Ta juya wajen Gumsu. "'Yata, baƙon nan daga nesa yake. Akwai saura a tukunya?"

Gumsu ta share fuska da gefen mayafinta, ta shiga madafa ta zubo masa burabusko da miyar kuka, ta kawo ruwan sanyi a kwano. Suka zauna suna kallonsa yana ci. Da ya gama, Gumsu ta ce ya ba su labarin mijinta tun daga farko, kada ya rage komai. Washegari aka shimfiɗa tabarmi a ƙofar gida, ita kuma ta shiga takaba.