'Ya'yan Atu Nawa Ne?

Tun da tarin fuka ya kwantar da Atu a Kebbe, ba mai ɗawainiya da ita sai Zahara'u, 'yarta ta fari. Ita ke dama mata kunu, ita ke kwashe kaskon da take tofa kaki ta kai bayan gida ta binne. Amma ko da wasa Atu ba ta taɓa kiran sunanta ba. Haka aka tashi aka tarar: uwa ba ta faɗin sunan ɗan fari, ba ta ma yarda a gaban mutane cewa ita ta haife shi. Tun yaye kakar yarinyar, Tambaya, uwar mijin Atu, ta ɗauke ta. In Atu na son ruwa sai ta ce, "Ke," ta kau da kai.

Ba a daɗe da samun mulkin kai ba, gab da faɗuwar damina, aka kawo motar hoton ƙirji Tambuwal. Malam Lauwali, malamin asibitin da ke yi wa Atu allura, ya zo da motar En'e don kwasar iyalan masu tari a je a duba su. Ya tsaya bakin ɗakinta, ya ɗaure hanci da farin ƙyalle.

"Atu, ɗiyanki nawa? A fiddo su duka."

Tambaya na zaune kan turmi tana tsinkar rama, maƙwabta sun cika tsakar gida.

"Biyu," in ji Atu. "Sambo da Ummu."

Shi kuwa malamin, da ya kamata ya fi kowa sanin halin matanmu, sauri ya hana shi sake tambaya. Ya tasa yaran gaba ya fice.

Atu ta koma ta kwanta. Ta daɗe tana jin tarin Zahara'u ta bayan bango, busasshe, irin wanda ita ma ta fara da shi. Ta ga munduwarta ta soma zamewa har gwiwar hannu. Kuma kowa ya sani, da ruwa ya sauka hanya ta yanke, motar hoto sai baɗi.

"Inna," ta ce a hankali, "wagga yarinya taku tana tari."

"Mura ce," in ji Tambaya. "Ni ka riƙon ta, ni na san ta. Ba mai kai mini jika cikin masu fuka."

Kada a ga laifin tsohuwar. Tsoro ne ya cika ta, don wannan ciwon ne ya ɗauke ɗanta, mijin Atu.

A waje mota ta tashi. Atu, wadda rabonta da ƙofar gida tun kaka, ta rufe baki da gefen zane yadda aka koya mata, ta bi bango har zaure. Ga Zahara'u can cikin 'yan mata, sun dawo daga rijiya, za su wuce motar.

"Ke," in ji Atu. Ba wadda ta juyo.

Direba ya fara ja.

"Zahara'u!"

Mata sun biyo ta, har da Tambaya, wata ta kama baki. Yarinyar ta tsaya da tulu a ka. Ta dubi kakarta, ta dubi maƙwabta, tana neman wadda ta kira ta. Ba ta dubi uwarta ba, don ba ta taɓa jin sunanta a wannan muryar ba. Wallahi wannan ya fi wa Atu ciwo a kan tarin da ke cin ƙirjinta.

Malam Lauwali ya buga jikin mota, aka tsaya. Atu ta jira tari ya sake ta, sannan ta nuna yarinyar da hannu, a gaban surukarta da duk mutanen unguwa.

"Malam, uku ne. Ga babbar nan. Ni na haife ta."