Taken Moutari

A duniyar da nake ba ku labari, kowane mutumin Damagaram yana da takensa, kuma take ba sauti kaɗai ba ne. Idan makaɗi ya kaɗa naka, wani siririn haske kamar zare yakan fita daga bakin gurmi, ya ratsa bango da dutse, ya je ya sauka a ƙirjinka ko kana bayan teku. Da shi uwa ke gaida ɗanta na nesa, da shi uba ke cewa ya yafe wa wanda ya kora. Wanda ya mutu kuwa, ba a ƙara taɓa takensa. Kunya ce, rashin ladabi ne, ba mai yi.

Hassia ta san wannan sarai. Shekara bakwai ke nan ba ta ji taken wanta Moutari ba. Ya yi faɗa da mahaifinsu a kan ya ƙi gadon sana'ar jimar fata, tsoho ya ce kada ya sake tako masa gida, shi kuma mai zuciyar tsiya ya kama hanyar Faransa ko adireshi bai bari ba. Bayan shekara guda wasiƙa ta zo, wai wani Moutari ɗan Damagaram ya faɗo daga saman gini a Marseille. Aka yi zaman makoki, aka rufe takensa. Daga baya aure ya kawo Hassia Paris, tana taya mijinta sayar da atamfa a unguwar Barbès.

Ranar wata Lahadi ta 1986 aka yi suna a unguwar La Courneuve da ke gefen Paris, a wani bene hawa na tara, ɗaki cike da mata da ƙamshin shinkafa. An ɗauko Malam Illo mai gurmi tun daga gida. Tsoho ne tukuf, ya yi wa uban Hassia kiɗa, ya yi wa kakanta. Yana ta bin takensu ɗaya bayan ɗaya, zaren haske na sauka a ƙirjin wannan da waccan ana guɗa. Da ya zo kan Hassia sai yatsunsa suka zame, tsufa ya yi halinsa, ya faɗa taken Moutari.

Wata Hajiya ta fara salati. Illo ya so janye hannu, amma ya kasa, domin haske ya fito. Fari tas, ba ya ko rawa, ya ratsa bangon kudu ya wuce.

Faranti ya suɓuce daga hannun Hassia.

"Baba Illo," ta ce, muryarta kamar ba tata ba, "mi nike gani haka?"

"Ɗiyata, shekara sittin ina kiɗa," ya ce. "Haske ba ya zuwa wurin matacce."

Da gari ya waye suka bi zaren. Daga rufin bene ya nuna kudu, suka shiga jirgin ƙasan nan mai gudu na Lyon. Illo yana taɓa gurmi a hankali, Turawa na leƙe ta saman jaridunsu, su da kiɗansu ba ya fidda komai sai ɗan hazo mai launi da ba ya zuwa ko'ina. Hassia ba ta ma gan su ba. Tana ta shirya faɗan da za ta yi wa Moutari, ta fasa, ta shirya kuka, ta koma faɗa. Murna da haushi sun cika ta.

A Lyon hasken ya karkata gabas. Suka bi shi a ƙafa da bas har unguwar Villeurbanne, suka wuce gidajen ɗalibai, suka tsaya gaban wata ƙofa mai shuɗin fenti a hawa na biyu. Zaren ya shige ta tsakiyar katakon.

Wata doguwar mace ta buɗe, 'yar Senegal, sunanta Fatou. Ta dubi gurmin, ta dubi fuskar Hassia, sai ta dafe bango.

"Ina Moutari?" Hassia ta tambaye ta da Faransanci. "Ni ƙanwarsa ce."

Fatou ta matsa gefe. A tsakar ɗaki wata yarinya 'yar shekara biyar tana zaune a ƙasa da cokali a hannu, ta ƙura wa ƙirjinta ido, inda hasken ya sauka. Kunnuwan Moutari ne a kanta, da goshinsa.

Illo ya daina kiɗa. Ya zauna a bakin ƙofa kamar an sare shi.

"Na ji kakana ya taɓa hwaɗi," ya ce a hankali. "In mutun ya bar ɗa, take na komawa kan ɗan fari. Ba mu taɓa gwadawa ba, tunda ba mu kaɗa na matattu."

"Yaushe ya rasu?" Hassia ta ce.

"Bara, da sanyi," in ji Fatou, matar da ya bari. "Ciwon huhu."

Bara. Hassia ta ƙirga da yatsunta kamar yarinya, don kanta ya ƙi ɗauka. Wanda ya faɗo a Marseille wani ne daban. Shekara biyar wanta yana raye bayan sun yi masa sadakar arba'in, uku daga ciki tana Paris, tafiyar awa biyu tsakaninsu.

"Me ya hana shi rubuto wasiƙa?"

"Ya ce babansa ya kore shi, ba zai yi magana ba sai an kira shi," Fatou ta ce. "Kowace Juma'a in ya dawo masallaci sai ya zauna a kujerar can, ya buɗe maɓallin rigarsa, yana jiran haske. Har a gadon asibiti bai yarda a rufe masa ƙirji ba. Ya ce ko kowa ya yi fushi da shi, akwai mutum ɗaya da za ta sa a kaɗa."

Hassia ta dubi kujerar. Ta tuna sau nawa mahaifinsu ya yi kuka a zaure yana cewa da zai iya da ya kira yaron nan, da sau nawa ita da kanta ta toshe kunne don kada ta ji ko mai kama da taken, duk don girmama shi.

Ta durƙusa gaban yarinyar. Hasken ya riga ya dushe, amma yarinyar tana ta shafa wurin.

"Yaya sunanki?"

"Hassia," yarinyar ta ce.