Sawun Taya a Garejin Baba

Baba Direba ya durƙusa a tsakiyar gareji, buroshi a hannu, bokitin ruwan ɗumi a gefe, yana dirzar daɓe kamar wanda aka ba kwangila. Motar kuwa tun da safe ya fitar da ita waje.

Daɓen irin fentin nan ne mai sheƙi da ake kira ifoksi, ruwan toka, sumul kamar tangaran. Autarsa, ma'aikaciyar jinya, ita ta sa aka shafa shi bara. Aibinsa ɗaya ne, ba ya rufa asiri. Taya mai zafi in ta tsaya a kansa sai ta bar baƙin sawu. Da can sawun Baba layi biyu ne miƙaƙƙu, domin tun yana saurayi tuƙi ne sana'arsa. Amma jiya matarsa ta ce sawun ya karkace ya nufi bango, daidai inda jikoki ke jingine kekensu. Ga shi yau Auta za ta zo, kuma ta riga ta faɗa masa, ranar da ta tabbatar idonsa ya ƙara rauni, ranar za ta karɓe makullin mota.

Matarsa ta leƙo daga ƙofar kicin.

"Malam, mai fentin nan cewa ya yi a bar sabulu ya jiƙa tukuna. Kuma ban da soson ƙarfe."

"Yanzu ni za ki koya wa aikin gareji?"

"Wane ni. Ni dai na san bango ba ya matsowa."

Ta daɗe tana kallon inda yake dirza. Sannan ta koma ciki.

Gaskiyar magana, tsoro yake ji. Mutumin da ya kai masu naƙuda asibiti, ya ɗauko 'yan makaranta, ya san ramin kowace hanya kamar yunwar cikinsa, a ce ya koma zaman jiran wanda zai kai shi unguwa? Ya ƙara sabulu, ya dirza, ya ɗauraye, ya tsane da tsumma, har gwiwoyinsa suka fara kai ƙara. Da ya miƙe ya duba, bai ga komai ba sai sheƙi. Ya yi ajiyar zuciya.

Bai gama wanke buroshi ba Auta ta yi sallama, da kayan aiki a jikinta.

"Sannu da aiki, Baba. Wa ya sa ka wannan wahala?"

"'Yar ƙura ce kawai. Duba ki gani, tas."

Ta duba. Inda ya wanke yana ta ƙyalli, wurin da dama babu komai. Taki ɗaya daga nan, ga baƙin sawun kwance yadda yake, ya lanƙwasa ya nufi keken yara.

"Ya yi kyau, Baba," ta ce a hankali. "Kawo in ƙarasa maka gefen nan."

Ta cire takalmi, ta naɗe hannun riga, ta durƙusa wajen bangon. Ta zuba ruwan sabulu, ta jira ya jiƙa, sannan ta fara dirza.

Direba da kunne yake gane ciwon mota. Ɗazu buroshin zamewa yake yi a hannunsa, shuu, shuu. Yanzu kuwa cijewa yake, yana ja da ƙyar. Baba ya matsa, ya sunkuya, ya shafa tafin hannunsa a gaban inda take wankewa. Ya ji danƙon roba yana kama masa yatsu. Ya bi shi da hannu, ya bi shi, har hannun ya taɓa tayar keke.

Ya daɗe a durƙushe. Auta ba ta ɗago kai ba.

Can ya laluba aljihu, ya ciro makullin mota. "Rana na dukan motar nan. Matsar min da ita inuwa."

Ta karɓi makullin ta fita. Yana jin tashin injin, yana jin yadda ta saki kuloci da gaggawa, ya girgiza kai. Da ta dawo ta tarar ya tsoma hannayensa biyu cikin bokiti.

"Ga makullinka, Baba."

"Hannuna duk sabulu ne," ya ce. "Sa a jakarki."